Domen da Renj: Abin da Fanshin ke Karɓa da Abin da Yake Bayarwa

Ɗauki kalkuletar Casio, irin wadda 'yan sakandare ke shiga ɗakin jarrabawa da ita, ka danna 5 ÷ 0. Lamba ba za ta fito ba, sai dai ta rubuta maka Math ERROR. Ka danna alamar √, mai neman lambar da za a ninka da kanta a samu wadda ka shigar, ka bi ta da −4, haka za ta sake yi. Yara da yawa sukan ɗauka na'urar ce ta gaza, alhali kuwa gaskiya ta faɗa: an miƙa mata abin da wannan lissafin bai tanadar wa amsa ba. Daga nan maganar domen ta taso.

Fanshin ƙa'ida ce da ake ba ta lamba, ita kuma ta mayar da amsa guda ɗaya tak. Kamar injin niƙa yake: a zuba masara gari ya fito, a zuba gero gari ya fito, amma ba mai hankalin da zai zuba masa tsakuwa. Dukkan abin da ya halatta a zuba, shi ne domen. Dukkan abin da zai iya fitowa, shi ne renj. A takardun WAEC da NECO da JAMB tambayar takan zo a gajarce, a ba ka f(x) a ce nemo domen da renj, kuma abin da akasarin ɗalibai suka riƙe bai wuce dokoki biyu ba: kada lambar ƙasa, wadda ake rabawa da ita, ta zama sifili, kada abin da ke cikin √ ya yi ƙasa da sifili. Dokokin daidai suke. Damuwata da su ita ce suna sa yaro ya ɗauki domen a matsayin wani ɗan gargaɗi da ake maƙalawa a gefen fomula bayan an gama aiki. Domen kuwa rabin fanshin ne. Fomula ɗaya da domen biyu, fanshin biyu ke nan daban-daban, kowanne da renj ɗinsa. Wanda bai kama wannan ba, renj zai yi ta ba shi wahala har ya bar makaranta.

Su kansu manyan masana sun daɗe kafin su kai ga wannan fahimta. Leibniz ya fara amfani da kalmar fanshin a rubuce-rubucensa na 1673, Euler kuma ya kawo rubutun f(x) a wajajen 1734. A littafin da ya fitar a 1748, Euler ya ɗauki fanshin a matsayin fomula kawai, wato jerin haruffa da lambobi da alamomi. Da aka shiga muhawara kan yadda tsirkiya ke kaɗawa idan an taɓa ta, tsakanin d'Alembert da Euler da Daniel Bernoulli, sannan Fourier ya zo da aikinsa kan yaɗuwar zafi a 1822, sai aka ga akwai dangantakar da fomula ɗaya ba ta iya ɗauka. A 1829 Dirichlet, Bajamushe, ya kawo wani misali da ya girgiza tsohon tunanin: fanshin da ke ba da wata amsa idan lambar da aka shigar tana rubutuwa a matsayin cikakkiyar lamba bisa wata, ya ba da wata amsar daban idan ba ta rubutuwa haka, irin su √2. Ba ya zanuwa a takarda, amma kowace lamba tana da amsarta guda ɗaya. Tun daga nan hankali ya koma kan tambayoyi biyu: me ake shigarwa, kuma me kowanne ke haifarwa.

Ba sai an je Jamus ba kafin a ga fanshin da ba shi da fomula guda. Malaman fiƙihu sun daɗe suna karantar da ɗaya a babin zakkar tumaki da awaki. Wanda dabbobinsa ba su kai 40 ba, babu komai a kansa. Daga 40 zuwa 120, guda ɗaya zai fitar idan shekara ta zagayo. Daga 121 zuwa 200, biyu. Daga 201 zuwa 399, uku. Daga 400 kuma, ɗaya a kowane ɗari. Domen a nan cikakkun lambobi ne, 0, 1, 2, 3 har abin da ya yi sama, domin ba wanda ke da tunkiya 40 da rabi, ba kuma mai tumaki ƙasa da sifili. Renj shi ma cikakkun lambobi ne daga sifili. Lura da cewa mai 40 da mai 120 abu ɗaya suke fitarwa, kuma wannan bai ɓata komai ba: ya halatta lambobi da yawa su haɗu a kan amsa ɗaya. Abin da bai halatta ba shi ne a ce mai tumaki 90 amsarsa biyu ce, ya zaɓi wadda ya ga dama. Da zarar an samu haka, an fita daga fanshin.

To, idan ba a faɗi domen ba, aka ba ka fomula tsurarta, al'adar masu lissafi ita ce a ɗauki dukkan lambobin haƙiƙa, wato lambobin da aka saba da su, sifili da na sama da shi da na ƙasa da shi, da fomular za ta iya karɓa. Aikin ke nan ya zama neman waɗanda ba za su shiga ba.

Rabawa da sifili ita ce ta farko. Dalilin haramcinta ba ya da wuya, ko da yake ba kasafai ake tsayawa a bayyana shi a aji ba. Idan an ce 12 ÷ 3 = 4, ana nufin 4 sau 3 ya ba da 12. To 5 ÷ 0 yana neman lambar da za a ninka da sifili a samu 5, kuma babu ita. Shi kuwa 0 ÷ 0 matsalarsa akasin haka ce, kowace lamba ta dace, don haka ba amsa guda. Brahmagupta na Indiya, wanda ya tsara dokokin sifili a shekarar 628, ya ce 0 ÷ 0 sifili ne, kuma na bayansa ba su bi shi a kan wannan ba. Saboda haka a f(x) = 1/(x − 3), domen shi ne kowace lamba ban da 3.

Ta biyu ita ce √. Kowace lambar haƙiƙa ka ninka ta da kanta, amsar ba ta yin ƙasa da sifili, don haka −4 ba shi da wanda ya haife shi ta wannan hanya. A √(x − 4), dole x ≥ 4. Wannan kowa na ci. Inda ake zubewa shi ne √(x² − 9). Yaro zai rubuta x² ≥ 9, sai ya yi tsalle ya ce x ≥ ±3, maganar da ba ta da kai ba ta da gindi. Gwada lambobi ka gani. Sa 0: ka samu −9, bai shiga ba. Sa 5: ka samu 16, ya shiga. Sa −5: 16 ne kuma, ya shiga. Ashe domen gida biyu ne, x ≤ −3 ko x ≥ 3, tsakiyar ce haramtacciya. Juya fomular ta koma √(9 − x²), sai lamarin ya juye: tsakiyar ce kaɗai halal, daga −3 zuwa 3. Minti ɗaya na gwada lamba daga kowane yanki ya fi haddar doka amfani a nan. Idan kuma sharuɗɗa biyu suka haɗu, kamar a √(x + 5)/(x − 2), kowanne sai an cika shi: x ≥ −5, sannan a cire 2.

Logaridim shi ma yana da nasa sharaɗin, ba ya karɓar sifili balle abin da ke ƙasa da shi. A nan akwai wani abu da ya kamata a tsaya a kansa. Kowane ɗalibi ya haddace cewa log(x²) = 2 log x. Sa x = −10. Na hagu ya zama log 100, wato 2. Na dama kuwa ya nemi log(−10), wanda babu shi. Dokar da aka haddace tana aiki ne kawai idan x ya fi sifili. Na hagu yana karɓar kowace lamba ban da sifili, na dama rabin wannan kawai yake karɓa, don haka ba fanshin ɗaya ba ne, duk da alamar daidai da aka saba sa wa a tsakaninsu.

Irin wannan tarkon ne ke cikin f(x) = (x² − 1)/(x − 1). Hannu yana ƙaiƙayin a warware saman ya zama (x − 1)(x + 1), a soke na sama da na ƙasa, a bar x + 1, a ce domen kowace lamba ce. Amma sokewar kanta rabawa ce da x − 1, kuma ba ta halatta sai idan x ba 1 ba ne. Fomular asali, idan ka sa mata 1, 0 ÷ 0 za ta ba ka. Don haka zanen wannan fanshin miƙaƙƙen layi ne mai huda guda a inda x = 1. Hudar ba ta tsaya a domen ba, ta bi har cikin renj: tunda 1 ne kaɗai zai iya haifar da 2, kuma an hana shi shiga, to 2 ba zai taɓa fitowa ba. A nemi domen tun kafin a taɓa fomular, ba bayan an yi mata kwaskwarima ba.

Renj ya fi wuya, kuma dalilin a fili yake. Domen ana ganinsa a fuskar fomula, ido na faɗawa kan lambar ƙasa ko alamar √ ya san inda haɗarin yake. Renj kuwa sai an san halin fanshin gaba ɗayansa. Ba za ka iya shigar da lambobi ɗaya bayan ɗaya ka tattara amsoshi ba, don ba su ƙarewa. Dabarar da na fi yarda da ita ita ce a juya tambayar. Maimakon a ce me zai fito, sai a ɗauki wata lamba y a tambaya: akwai x a cikin domen da zai haifar da ita? Duk y ɗin da aka samar wa x, yana cikin renj.

Ga yadda take aiki a f(x) = (2x + 1)/(x − 3). Rubuta y = (2x + 1)/(x − 3). Ninka ɓangarorin biyu da x − 3, ka samu yx − 3y = 2x + 1. Tara masu x a gefe guda: x(y − 2) = 3y + 1. Ke nan x = (3y + 1)/(y − 2). Yanzu fomular da kanta ta tona asirin: kowane y yana da x ɗinsa, sai 2 kaɗai. In kana shakka, sa y = 2 a layin da ya gabata, za ka ga 0 = 7, abin da ba zai yiwu ba. Ka sa x = 1,000 a fanshin, amsar ta ɗan haura 2. Ka sa miliyan, ta ƙara matsowa. Tana ta kusantar 2 amma ba ta taka shi. Renj: kowace lamba ban da 2.

Ga masu x², hanya mafi sauƙi ita ce cike murabba'i. x² − 6x + 11 daidai yake da (x − 3)² + 2. Abin da ke cikin baka, in an ninka shi da kansa, mafi ƙanƙantarsa sifili ne, kuma hakan na faruwa a x = 3. Don haka amsa ba ta sauka ƙasa da 2, sama kuwa ba ta da iyaka: y ≥ 2.

Yanzu a ce mai tambaya ya ƙayyade domen, ya ce 0 ≤ x ≤ 4. A nan gizo ke saƙar. Abin da yawancin ɗalibai ke yi shi ne su sa bakin farko da bakin ƙarshe: f(0) = 11, f(4) = 3, su rubuta renj daga 3 zuwa 11, su wuce tambaya ta gaba da murna. Sun manta cewa zanen ya gangara ne daga 11, ya kai ƙasan kwari a x = 3 inda amsa take 2, sannan ya fara hawa ya tsaya a 3. Kwarin yana cikin domen, don haka renj daga 2 ne zuwa 11. Da a ce domen daga 4 zuwa 6 ne, kwarin ya faɗa waje, zanen hawa kawai yake yi, sai gefe da gefe su wadatar: daga 3 zuwa 11. Fomula ba ta canza ba ko da harafi ɗaya, amma mun sami renj uku daban-daban daga domen uku.

Akwai wanda ya fi waɗannan daɗi, f(x) = x/(x² + 1). Ƙasansa ba ya taɓa zama sifili, saboda haka domen kowace lamba ce, har mutum ya zaci renj ma haka ne. Juya tambayar: y(x² + 1) = x, wato yx² − x + y = 0. Wannan lissafin kwadiratik ne a kan x, wato mai siffar ax² + bx + c = 0, kuma yana da amsa ne kawai idan b² − 4ac bai yi ƙasa da sifili ba. A nan 1 − 4y² ≥ 0 ke nan, wanda ke nufin y yana tsakanin −1/2 da 1/2. Sai a duba y = 0 shi kaɗai, tunda a nan x² ya ɓace, a ga x = 0 ya ba da shi. A duba gefuna: x = 1 ya ba da 1/2, x = −1 ya ba da −1/2. Fanshin da ke haɗiye kowace lamba, komai girmanta, amma duk abin da yake fitarwa bai wuce tazarar da ke tsakanin rabi ƙasa da sifili da rabi sama da shi ba. Na sin x ba sai an sha wannan wahala ba: yana tsakanin −1 da 1, don haka 3 sin x + 2 yana tsakanin −1 da 5.

Wajen rubuta amsa, baka mai kusurwa yana nufin lambar gefe tana ciki, mai lanƙwasa yana nufin ba ta ciki. [2, 11] ya haɗa da 2 da 11, (0, 20) bai haɗa da ko ɗaya ba. Alamar ∞, mai nufin rashin iyaka, kullum mai lanƙwasa take ɗauka, don ba lamba ba ce da ake isa gare ta. Masu duba takarda suna rage maki a kan wannan, kuma ban ga laifinsu ba.

Duk abin da ya gabata domen fomula ne. Akwai kuma domen da al'amarin kansa ke gindayawa, wanda fomula ba ta san da shi ba. Mai lambu yana da waya mita 40, yana son kewaye fili mai kusurwa huɗu. In faɗi x ne, tsawo 20 − x ne, girman fili kuma x(20 − x). Fomular za ta karɓi 50, ta karɓi −7, ba ruwanta. Amma faɗin fili ba ya zama sifili ko ƙasa da haka, tsawo ma haka, don haka x yana tsakanin 0 da 20, ban da su kansu. Fili mafi girma yana samuwa a x = 10, murabba'in mita 100, renj ke nan (0, 100]. Haka fomular mayar da ma'aunin zafi, F = 9C/5 + 32: a takarda tana karɓar komai, a duniya kuwa babu sanyin da ya wuce −273.15 a ma'aunin Salshiyos.

Wane irin lambobi aka yarda da su ma, shi kansa zaɓi ne da ya sha canzawa. Al-Khwarizmi, a Bagadaza wajajen shekarar 820, ya warware x² + 10x = 39 ya ce amsa 3 ce. Ɗalibin yau zai ƙara da −13, kuma in ka gwada za ka ga ta yi: 169 a cire 130 saura 39. Shi bai kawo ta ba domin lissafinsa na gado ne da ciniki da awon ƙasa, lambobin ƙasa da sifili ba sa cikin abin da yake aiki da su. Ta ɗaya gefen kuma, Cardano a 1545 da Bombelli a 1572, a Italiya, sun fara wasa da √ na lambobin ƙasa da sifili, abin da ya zama reshe mai zaman kansa, wanda injiniyoyin lantarki ke aiki da shi kullum. Shi ya sa wasu kalkuletocin, in ka sauya musu tsari, √ na −4 zai ba ka 2i, inda i ke nufin √ na −1, maimakon ya ƙi. A sakandare ana nufin lambobin haƙiƙa ne in ba a ce komai ba, amma kyau yaro ya san yarjejeniya ce.

Wurin da domen da renj ke haɗuwa gaba da gaba shi ne inda aka jera fanshin biyu, abin da ya fito daga na farko ya shiga na biyu. Sharaɗin shi ne amsar na farko ta faɗa cikin domen na biyu. Duba √(sin x − 2). Abin da ke ciki yana tsakanin −3 da −1, duk ƙasa da sifili, √ kuwa ba ya karɓar ko ɗaya daga ciki. An rubuta fomula tsaf, amma babu lamba ko ɗaya da za ta shiga, domen ɗinta wayam.

Wannan sharaɗin ne aka taka a ranar 4 ga Yuni 1996, lokacin da aka harba rokar Turai Ariane 5 karon farko daga Kourou, a yankin Giyana na Faransa, ɗauke da tauraron ɗan'adam huɗu. Ba ta kai minti ɗaya a sama ba ta kauce hanya ta tarwatse. Kwamitin binciken, ƙarƙashin masanin lissafi Jacques-Louis Lions, ya gano cewa manhajar da ke auna matsayin rokar an ɗauko ta ne daga Ariane 4. A cikinta akwai inda ake ɗaukar wata lamba mai alaƙa da gudun rokar ta gefe, a mayar da ita cikin ma'aji mai bit 16, wanda ba ya ɗaukar abin da ya wuce 32,767. Masu tsara manhajar sun san da haɗarin. Sun ga lambobi bakwai da za su iya yin ambaliya, suka sa wa huɗu kariya, suka bar uku, bisa hujjar cewa ba za su taɓa kai wannan girman ba, kuma don kada a yi wa kwamfutar nauyi. A kan hanyar da Ariane 4 ke bi, hujjar daidai take. Ariane 5 kuwa tana tara gudun gefe da sauri fiye da yayarta, sai lambar ta haura abin da ma'ajin ke karɓa. Na'urorin auna matsayin biyu ne: ta ko-ta-kwana ita ta fara tsayawa, ta ainihin ta bi bayanta nan take, domin manhaja ɗaya ce a cikinsu kuma lamba ɗaya aka ba su. Bayanan kuskuren da suka fito, babbar kwamfutar rokar ta karanta su a matsayin bayanan tafiya, ta karkatar da bututun injina har ƙarshe.